Bankin 'yan kasuwa da ƙofar babbar kotu a Indiya

Wani ɗan'uwanmu da ke karatun harhaɗa magunguna a nan Bengaluru ya wayi gari an toshe masa asusu, kuɗin makarantarsa na ciki. Bankin mai zaman kansa ne. Mun je reshe sau uku, kullum amsa ɗaya: umarni ne daga sama. Da muka tuntuɓi lauya na ce masa mu garzaya babbar kotun jiha, sai ya fara tambaya ko bankin na gwamnati ne. Da ya ji ba haka ba, ya ce zai yi wuya a saurare mu.

Sashe na 226 na kundin tsarin mulkin Indiya ya ba manyan kotunan jihohi ikon umartar kowane mutum ko hukuma su yi abin da doka ta ɗora musu. Hanya ce mai sauri, ba a jan zare da shaidu. Amma a 2003 Kotun Ƙoli ta taƙaita ta a shari'ar Federal Bank da Sagar Thomas, wani manajan reshe da aka kora. Alƙalan suka ce harkar banki kasuwanci ce, kuma sa idon da Babban Bankin Indiya ke yi bai mai da banki hukuma ba. Sai in akwai wani nauyi da doka ta ɗora masa saboda jama'a. Wato mai asusu a State Bank of India, wanda bankin gwamnati ne, yana da ƙofar da maƙwabcinsa mai asusu a bankin 'yan kasuwa ba shi da ita, alhali ciwonsu ɗaya.

Wannan rarrabewa ba ta kwanta mini ba. A 1969 aka mai da manyan bankuna 14 hannun gwamnati, don haka lokacin da ake ɗaukar bankin 'yan kasuwa ƙaramin abu na da dalili. Yau kuwa mai shayi a bakin titi da waya ake biyansa ta UPI, tsarin tura kuɗi daga asusu zuwa asusu nan take. Wanda aka toshe wa asusu an hana shi cin abinci, an hana shi biyan haya.

A Najeriya lauya ba zai fara da waccan tambaya ba. Sashe na 46 na kundin 1999 da ƙa'idojin neman haƙƙin ɗan'adam na 2009 sun ba mutum damar kai ƙarar banki kai tsaye, kuma a 2019 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce banki ba zai toshe asusu da wasiƙar EFCC kawai ba, sai ya ga umarnin kotu. Na san yadda ake ɗage zama a gida har mai ƙara ya gaji. Duk da haka ƙofar a buɗe take.

Su ma alƙalan Indiya sun soma matsowa. A 2023 Kotun Ƙoli ta ce dole banki ya saurari mai bashi kafin ya sa wa asusunsa tambarin zamba. Abin da nake so su ƙara shi ne duk lokacin da banki ya taɓa kuɗin mutum da sunan dokar gwamnati, a ɗauke shi a matsayin hannun gwamnati. Ɗan'uwan namu dai ya rubuta koke ga ofishin sauraron ƙorafi na Babban Banki, mu kuma mun haɗa masa kuɗin haya na wannan wata.