Trier: Garin na Treveri ne, labarin na Romawa

Makon jiya na leƙa Trier, wani gari a yammacin Jamus, a bakin kogin Mosel, dab da iyakar Luxembourg. Tun da na dawo akwai abin da ya tsaya mini a rai, gara in amayar da shi.

Na fara da Porta Nigra, wato Baƙar Ƙofa, wadda Romawa suka gina wajen shekara ta 170 Miladiyya. Manyan duwatsu ne aka ɗora wani kan wani ba kwaɓi, da ƙarfe aka ɗaure su, aka narka darma aka zuba. Har na zura hannu cikin ramukan da mutanen baya suka ƙwaƙule a bangon don su ciro ƙarfen nan. Abin da ya ceci ƙofar daga masu kwasar duwatsu shi ne wani mai ibada, Simeon, da ya killace kansa a ciki har ya rasu a 1035, aka mai da wurin coci.

Mai yi mana jagora ta kwashe kusan awa biyu tana zuba labarin Romawa. Ta kai mu zauren Sarki Kostantin na wajen shekara ta 310, ɗaki guda mai tsawon mita 67 ba ginshiƙi ko ɗaya a tsakiya. Ta nuna mana gadar da ginshiƙanta ke tsaye tun ƙarni na 2, motoci na bi ta kai har yau. A ƙarni na 4 sarakunan Rum daga nan suke mulkin yammacin daularsu. Duk wannan ban raina ba, wallahi na jinjina.

Amma da na ce mata, "Su wa Romawa suka tarar a ƙasar nan?" sai ta ce Keltawa ne, ta wuce gaba. Shi ke nan rabonsu.

Alhali sunan garin ma nasu ne! Romawa sun sa masa Augusta Treverorum, birnin Sarki Agustus a ƙasar Treveri, wato ƙabilar Keltawan da ke zaune a yankin. Yau sunan sarkin ya faɗi, na ƙabilar ne ya rage a bakin jama'a, Jamusawa na cewa Trier, Faransawa na cewa Trèves. Kuma ba ƙananan mutane ba ne. Yuliyas Kaisar da kansa, wanda ya yaƙe su, ya rubuta cewa duk ƙasar Gaul, wato Faransa ta yau da kewayenta, babu mai mayaƙan doki kamar nasu. Suna da gari mai ganuwa a kan tudun Titelberg, cikin Luxembourg ta yau, inda suke buga kuɗinsu. Shugabansu Indutiomarus ya ja daga da Kaisar har aka kashe shi. A shekara ta 21 Miladiyya bashi da haraji suka ishe su, suka sake tayarwa ƙarƙashin Julius Florus.

Na san abin da za a ce: ba su bar manyan gine-ginen dutse ba, ba su rubuta tarihinsu ba, kuma birnin kansa Romawa suka zana shi. Gaskiya ne. To amma wa ya cika birnin? Da yawan masu noman inabi da fataken tufafin da suka arzuta shi jikokin Treveri ne da suka koyi Latin, harshen Romawa, suka ɗauki sunayen Romawa. A ganina kiran komai "na Romawa" tauye musu haƙƙi ne.

Abin da ya fi taɓa ni maganar harshe ce. Malamin Kirista Jerome ya zauna a Trier wajen shekara ta 370, daga baya ya ratsa Galatiya, yankin Ankara a Turkiyya ta yau. Ya rubuta cewa harshen mutanen can kusan ɗaya ne da na Treveri. Ashe bayan shekara 400 a hannun Rum, ana Latin a fada, wasu na nan suna hira da harshen kakanninsu.

Da yamma na shiga gidan tarihin garin ni kaɗai. Can cikin akwatin gilashi na tarar da wani ɗan mutum-mutumi na tagulla, bai kai tsawon tafin hannuna ba, sanye da guntun alkyabba mai haɗe da hula, irin shigar mutanen karkarar yankin. Rukunin 'yan yawon buɗe ido biyu suka wuce shi suna sauri zuwa wajen tsabar zinaren Romawa sama da 2,500 da aka tono a 1993. Ni dai a gabansa na tsaya har ma'aikaci ya zo ya ce za su rufe.