Ni da Tafintan Cikin Waya

Turancina na kasuwa ne. Ina iya gaisuwa, ina iya tambayar farashi, in kuwa aka zo lissafin dala ba mai cuta ta a duk faɗin unguwar Bronx ta birnin New York. Amma Turancin asibiti da na ofisoshin gwamnati ya fi ƙarfina, shi ya sa duk inda za a cike takarda ko a ga likita, 'yar autata nake riƙe wa hannu mu tafi, tunda ita a nan Amurka aka haife ta.

Matsalar yarinyar ɗaya ce: in ta ga likita sai ta manta tafinta aka kawo ta, ta koma mai ba da shaida. Likita ya tambaya ko ina shan sukari, na ce kaɗan-kaɗan. Sai na ji ta ɗauko dogon jawabi har da ɗaga yatsu huɗu. Na ce, "Ke, me kika ce masa?" Ta ce, "Baba, cokulan shayinka na safe kawai na faɗa." Da ya tambaya ko ina motsa jiki ban ma buɗe baki ba, ita ta tuntsire da dariya, shi kuma ya duƙa ya rubuta.

To sai ga wani ciwo ya taso mini, irin wanda ba a faɗa a gaban 'ya'ya. Direbobin da ke wuni zaune a mota sun riga sun gane. Ga sauran jama'a kuma, basir ne, na faɗa mu wuce wurin.

Akwai wani ɗan'uwanmu a masallaci da ya taɓa fara karatun lauya bai ƙarasa ba, amma abin da ya samu ya ishe mu. Ba tare da na faɗa masa larurar ba, na tambaye shi yadda mutum zai ga likita ba da ɗansa ba. Ya gyara zama, don irin tambayar da yake jira ke nan. Ya ce tun 1964 akwai dokar kare haƙƙin jama'a, sashe na shida nata ya hana duk wurin da ke cin kuɗin gwamnatin tarayya nuna bambanci saboda asalin ƙasar mutum. A 1974 kuma kotun ƙoli, a shari'ar 'ya'yan Sinawa 'yan makaranta a San Francisco, ta nuna cewa barin mutum cikin duhu don ba ya jin Turanci shi ma bambanci ne. Ya ce dokar lafiya ta zamanin Obama ta ƙara ɗaure asibitoci: su samo tafinta kyauta, kuma kada su sa yaro ƙarami fassara sai in rai na hannun Allah. Na ce ai na ji Trump ya ce Turanci ne harshen ƙasa. Ya ce haka ne, a Maris na 2025 ya sa hannu, ya kuma soke umarnin da Clinton ya bayar a 2000 na sauƙaƙa wa waɗanda ba sa jin Turanci, amma sa hannun shugaba ba ya goge dokar majalisa. "Alhaji, ka je ka nemi haƙƙinka, ko sisi ba za ka biya ba."

Kalmar kyauta ce ta fi shiga kunnena. Na saka babbar riga da hula, na tafi ni kaɗai.

Matar da ke karɓar mutane ta miƙo mini wani kati mai ɗauke da rubuce-rubuce kala-kala, wai in nuna harshena da yatsa. Na bi shi daga sama har ƙasa, na juya bayansa, ban ga namu ba. Ta duba takarduna ta ga Nijar, ta yi murmushi, ta danna waya. Ban zarge ta ba. Birnin New York ma da ya wajabta wa ma'aikatunsa fassara takardu cikin harsuna goma tun 2017, da Faransanci da Larabci a ciki, Hausa ba ta samu shiga ba, don haka duk wanda ya fito daga wajenmu da waɗannan biyun ake fara gwada shi. Wata baiwar Allah ta fito a waya tana zuba Faransanci ba numfashi. Ni kuwa bokona a firamare ya tsaya, malaminmu ma bai taɓa gudu irin wannan ba. Na ce mata bonjur, daga nan zance ya mutu.

Matar ta kalli hulata, ta kalli carbin hannuna, ta sake danna waya. Sai na ji sallama daga bakin wani Balarabe. Nan fa na ji daɗi, na amsa masa har da wa barakatuhu, na ƙara da addu'a, ya ce amin. Da ya shiga tambayar abin da ke tafe da ni sai gari ya yi duhu. Na yi makarantar allo, na sauke, amma duk Larabcin da ke kaina ba ko jimla ɗaya da za ta bayyana wannan larura. Muka rabu da juna da ma'assalama, cikin mutunci.

Daga ƙarshe na karɓi biro na rubuta mata Hausa da manyan baƙaƙe. Aka kai ni ɗakin likita, aka kunna lasifikar waya, kiɗan jira ya yi ta kaɗawa har na fara haddace shi. Can sai wata murya ta ce, "Assalamu alaikum Baba, ni ne tafintanka." Wallahi na ji kamar an sauke mini buhun gero daga ka.

Ya faɗi wata lamba a madadin sunansa, ya ce duk abin da aka furta a ɗakin nan zai fassara, ba ragi ba ƙari. Na ɗauka irin maganar da ake yi ce don cika ƙa'ida. Na ce, "Sannu samari, ina wuni, ina gajiya, yaya iyali, yaya sanyin nan?" Sai na ji ya juya Turanci. Likita, mace ce, ta ce iyalinta lafiya, ta gode, sanyi kuma da sauƙi bana. Na ce, "A'a, da kai nake. Ɗan gidan wa ne kai? Hausarka kamar ta mutanen Zinder." Ya juya wannan ma. Likita ta ce ita daga Ohio take.

Na rage murya na ce, "Kai yaro, tsakanina da kai, wannan 'yar ba ta yi ƙanƙanta da aikin nan ba kuwa? Ba namiji babba a gidan?" Ban rufe baki ba ya kwashe ya zuba mata duka, har da tsakanina da kai ɗin. Ta yi dariya ta ce ta shekara goma sha biyar tana wannan aiki. 'Yar autata aƙalla takan zaɓi abin da za ta tona. Wannan bawan Allah ba ya zaɓe.

Da aka zo kan ciwon na bi ta bayan gida, yadda duk mai kunya zai yi. Na ce zama ne ke ɗan yi mini wuya, kuma akwai zafi-zafi a can wajajen. Ya kai mata haka, da can wajajen da komai. Ta fara tambayar baya da ƙugu da gwiwa, har ta soma maganar ɗaukar hoton ƙashin baya. Na san ya gane, duk Bahaushen da ya ji wannan bayani ya gane, amma aikinsa bai ba shi damar cika mini zance ba. Da na ga za a ɗora mini kuɗin hoto a banza, na rufe ido na kira ciwon da sunansa. Cikin ɗan lokaci aka duba, aka rubuta magani, aka ce in yawaita ruwa da ganye, in riƙa tashi daga kujerar mota ina miƙe ƙafa. Gaskiya aikin ya yi kyau, kuma ba wanda ya tambaye ni ko dala ɗaya ta tafinta.

Sai da na fito wani tunani ya faɗo mini. Mu nawa ne Hausawa a garin nan? Kusan duk mun san juna, a masallaci ɗaya muke haɗuwa, suna da biki tare. Muryar nan kuma ba ta yi mini baƙunta ba. Na koma wa lauyanmu, ya ce in kwantar da hankali, dokar sirrin marar lafiya ta 1996 ta ɗaure tafinta, kuma mai yiwuwa ma daga wata jiha yake magana, ko wata ƙasa.

Duk da haka ranar Juma'a na bi samarin masallaci ɗaya bayan ɗaya ina gaishe su, ina jan zance don in ji muryoyinsu. Ban kama kowa ba. Na nemi wuri zan zauna ke nan, sai wani matashi da ban taɓa magana da shi ba ya taso daga sahu na uku, ya durƙusa, ya tura mini matashin kai mai laushi. Na tsare shi da ido na ce, "Wa ya ce maka ina bukata?" Ya ƙi buɗe baki, murmushi kawai ya yi ya koma wurinsa. Matashin dai na zauna a kai, kuma yanzu ina binciken inda yaron yake aiki.