Tsoron gida ne jarin masu yi wa mata barazana da hotunansu

Duk lokacin da aka ji labarin wata mace da ake yi wa barazanar yaɗa hotunanta na tsiraici a WhatsApp ko Telegram, tambayar da ake fara yi ita ce me ya kai ta tura hoton, kuma a ganina wannan tambaya tana ƙara wa azzalumai ƙarfin gwiwa. Mai barazana ya san cewa ta fi tsoron iyayenta ko mijinta su ji fiye da yadda take tsoronsa, shi ya sa za ta yi shiru ta tura kuɗi, shi kuma ya dawo bayan kwana kaɗan ya nemi ƙari.

Ya kamata masu saurin zargi su san yadda ake ɗana tarkon. A Koriya ta Kudu, Cho Ju-bin, wanda kotu ta yanke wa ɗaurin shekara 40 a 2020, ya riƙa jawo mata da 'yan mata da tallan aikin bogi, ya karɓi bayanansu da hotunansu, sannan ya tilasta musu ɗaukar bidiyon tsiraici da yake sayarwa a zaurukan Telegram. Matan nan aiki suka fita nema. Wasu da alƙawarin aure ake yaudararsu, wasu kuma ana roƙonsu lambobi 6 da WhatsApp ke turowa da sunan kuskure aka yi, kuma da zarar sun bayar, asusun ya koma hannun ɓarawo, ya shiga damfarar ƙawayensu da sunansu. Yanzu har akwai manhajojin da ke haɗa hoton tsiraici daga hoton fuska kawai, wato ana iya ɓata wadda ba ta taɓa tura komai ba.

Kariya tana da amfani: a kunna tabbatarwa mai mataki biyu, wato ƙarin lambar sirri da ake nema kafin a shiga asusu, kuma kada a amince da hoton da ake gani sau ɗaya ya ɓace, domin wata waya tana iya ɗaukarsa. Idan barazana ta riga ta zo, kada a biya, kada a goge saƙonnin, domin su ne hujja a gaban 'yan sanda. Shafin StopNCII, wanda aka buɗe a 2021, yana taimaka wa manya, ban da yara, wajen toshe irin waɗannan hotuna a Facebook da Instagram ba tare da hoton ya bar wayar mai shi ba. Sai dai macen da ke fargabar duka ko kora daga gida ba za ta ɗauki ko ɗaya daga cikin matakan nan ba, sai ta sami uwa ko yaya da za ta saurare ta, ta kuma raka ta kai ƙara.