Wa ya tura yaron nan ya mutu a gaban Garibaldi?

Abin da ke ci min tuwo a ƙwarya game da tsofaffin finafinan Italiya marasa magana ɗin nan da ake gyarawa ana nunawa a bukukuwan finafinai na biranen Bologna da Pordenone shi ne irin yabon da ake jibga musu, wai su ne madubin kishin ƙasa da sadaukarwa.

Tun 1905 da Filoteo Alberini ya haska fim ɗinsa na kama birnin Rum a fili kusa da ƙofar Porta Pia, sinimar Italiya ta ɗau aikin ƙawata mutuwa saboda tuta. A 1909 kamfanin Cines ya fito da Il piccolo garibaldino, yaro ƙanƙani ya sulale daga gida ya bi babansa cikin rundunar Garibaldi, jagoran yaƙin haɗa kan Italiya, harsashi ya same shi, yana kan gargara abin da ya roƙa kawai shi ne ya sumbaci takobin Garibaldi, uwa kuma aka bar ta da kuka. Shekara biyu bayan haka Italiya ta afka wa Libiya, aka karkashe mutanen Tarabulus bayan faɗan Sciara Sciat, wasu aka kwashe su zuwa tsibiran Tremiti da Ustica.

To ku dubi Cabiria na Giovanni Pastrone a 1914. Mutanen Kartaj, can Tunisiya ta yau, su ne mugaye saboda suna jefa yara cikin wutar gunkin Moloch, Barome kuma shi ne mai ceto. Haba jama'a! Yaron Kartaj in an miƙa shi ga gunki dabbanci ne, na Italiya in an miƙa shi ga bindiga sai ya zama jarumi?

Masu cewa a raba fasaha da siyasa su je su tambayi tarihin D'Annunzio, mawaƙin da aka liƙa sunansa a fim ɗin, wanda a 1915 ya yi ta hura wutar sai Italiya ta shiga yaƙin duniya na farko. Maciste ma, bawan da Bartolomeo Pagano, ɗan dako daga tashar jiragen ruwa ta Genoa, ya fito a matsayinsa a Cabiria an shafe shi da baƙin launi, a 1916 sai ga shi a wani fim fari sol cikin kakin soja yana wurgi da 'yan Ostiriya ana ta dariya, alhali 'ya'yan manoma na zubewa a bakin kogin Isonzo, sojojin Italiya sama da 600,000 ba su koma gida daga yaƙin ba.

Ban ce a daina nuna su ba. Amma duk mai shirya bikin da zai haska Cabiria ya fara gaya wa 'yan kallo abin da aka yi a Tarabulus a 1911 kafin ya kashe fitila.