Ciwon gidan haya

Salamu alaikum jama'a, yau kaina zan fara yi ma nasiha kafin ku.

Da safen ga ina tsaye tsakar gida ina ta faɗa da uwar ɗiyana kan kuɗin cefane, murya sama har maƙwabta na ji, sai waya ta yi ƙara, wani Alhaji ne da ke sarin atamfa wurina a Tsohuwar Kasuwa. Nan take murya ta sauka, ranka shi daɗe, an tashi lafiya, ya iyali, har da ɗan rusunawa kamar yana ganina. Ina aje wayar ɗiyata 'yar shekara 6 ta riƙo gefen rigata ta ce, "Baba, wancan Baban na cikin waya yaushe za shi zo gidanmu?"

Wallahi kunun da ke hannuna ban iya shanye shi ba.

Bisa kabu-kabu har kasuwa lissafi nike, sai na iske mutum huɗu ne ke zaune cikin jikin nan nawa. Akwai na sahun farko, mai tazbaha, wanda in anka kira salla a Masallacin Shehu shi ke ce ma maƙwabtan shago ku rufe mu tafi. Akwai na kasuwa, mai rantsuwa da Allah cewa ko uwar kuɗi bai mayar ba alhali ya san ribar da ya ɗora. Akwai na gida, kun dai ji shi. Sai na huɗun da ya fi ba ni kunya, wani akawun na Facebook da sunan da ba nawa ba da hoton zaki, da shi nike shiga ƙarƙashin rubutun malaman da ba na ɓangarenmu ba in zage su tas, in fito in yi alwala.

Ni na raɗa ma abin suna ciwon gidan haya, kada wani ya tafi asibiti nemansa, ba gwajin jinin da zai nuna shi. Jiki ɗaya, 'yan haya huɗu, ƙofa ɗaya suka haɗa kuma ba mai son haɗuwa da ɗan'uwansa a zaure. Amma yana da alamu kamar masassara. Ka manta wace magana ka faɗa ma wa. Iyalinka ta ɗauki wayarka don haska fitila gabanka ya faɗi. Ka je ɗaurin aure ka hango abokin majalisa tsaye kusa da limaminku, zufa ta keto maka duk da sanyin hunturu, don ba ka san da wace murya za ka gaisa ba. Ga gajiya, bawan Allah ka kwana ka tashi kamar ka yi dako, don kowane ɗan haya sai ka ciyar da shi ƙarya tasa daban.

Kuma Allah ya riga ya ba mu misalin nan a Zumar aya ta 29, bawan da iyayengiji da yawa masu jayayya sunka yi tarayya a kansa, da bawan da ke da ubangida guda, shin za su zama ɗaya? A Ahzab aya ta 4 ya ce bai sanya ma wani mutum zuciya biyu cikinsa ba. Biyu ma ba a ba mu ba, mu muna neman cusa huɗu! Ga hadisin Abu Huraira mun haddace shi tun muna Islamiyya, mai fuska biyu yana cikin mafi sharrin mutane, ya je ma waɗannan da fuska, waɗancan da wata. Mun sani fa, aikin ne babu.

Kada a fahimce ni baibai, ba cewa nike ka yi ma surukinka magana yadda kake ma abokin wasanka ba, wannan ladabi ne. Ko Hanzala da ya ji tsoron ya yi munafunci don zuciyarsa na sauyawa in ya koma cikin iyali da dukiya, Annabi (SAW) kwantar mai da hankali ya yi. Abin da nike nufi shi ne wanda gaskiyarsa ke canza riga, mai haƙurin waje, azzalumin gida. Haba malam! Baƙo ya samu fara'arka kyauta, wadda ke dafa maka tuwo sai ta roƙa? Ke ma Hajiya, mai wa'azi a status, mai yanka kishiya a guruf, ba ki tsira ba.

Ranar da za a kai ka makwanci likkafani guda za a yanka, kuma Munkar da Nakir mutum guda za su tayar. Wane daga ciki zai amsa?

Don Allah, don Allah, yau in kun koma gida ku shiga da muryar da kuke ma masu kuɗi. Don Allah ku gwada ko na dare ɗaya ne. Ni ma ku sa ni addu'a, na ba uwar ɗiya haƙuri ta waya, amma akawun mai zakin nan har yanzu hannuna bai kai ga goge shi ba.