Jikka arba'in don kallon numfashi

Kawuna ne ya fara amsawa. Na tura bidiyon kifin Annabi Yunusa da na je kallo a Kanada a zaurenmu na dangi a WhatsApp wajen ƙarfe takwas na yamma agogon Kebek, a Yamai ɗaya na dare ke nan, da asuba sai ga muryarsa: "Ɗana, mun ga ruwa, mun ga wani baƙin abu ya yi tofi ya nutse. Nawa ka biya?" Na ce kusan dala ɗari. Ya ce ai da araha, ko kuɗin taksi zuwa Harobanda da dawowa. Na ce, "Kawu, dalar Kanada fa, ba dalarmu ba. Jikka arba'in da ɗoriya." Sai da aka ɗan jima saƙo na gaba ya shigo. "Kuɗin buhun shinkafa har da cefane ka ba Nasara don ka ji dabba tana numfashi? Da ka zo gonata a Saga, dorina za ta yi maka shi kyauta, ta kuma rako ka har bakin hanya."

Dangi suka yi ta dariya, ni ma na yi. Amma maganar ta tsaya mini a rai, don a ganina Kawu ya taɓo gaskiya ta inda bai nufa ba.

Garin da na je sunansa Tadusak, mazaunansa ba su kai dubu ba, tafiyar awa uku a mota daga birnin Kebek, kuma sai an tsallaka da motar a jirgin fito, kyauta. A nan kogin Sagene ke zuba cikin babban kogin Sen-Loran, inda ruwan ya riga ya zama na gishiri, gaɓar tsallake da ƙyar ake hango ta. Daga watan Mayu zuwa Oktoba garin ba shi da sana'ar da ta wuce kai mutane kallon abin da muka koya a lakwal da sunan balen, wanda tsofaffinmu ke kira kifin Annabi Yunusa. Ba kifi ba ce ma, iska take shaƙa, tana haihuwa tana shayarwa kamar saniya. Da ni ne mai raɗa suna da na ce mata giwar ruwa, to amma kifin da ake gasa mana a bakin kogi ya riga ya cinye sunan.

Jirgin ƙarshe na yamma muka shiga, na roba mai inji, irin wanda mutum ke zaune dab da ruwa. Watan Agusta ne, a gida ana tsakiyar damina ana gumi, mu kuwa an naɗe mu cikin wasu jajayen riguna masu kauri tun daga wuya har idon sawu, duk da haka yatsuna suka ƙage. Yarinyar da ke mana bayani ta ce a ƙarƙashinmu akwai kwari mai zurfin mita 300 da ya taso tun daga teku, a daidai nan ya ci karo da tudu. In igiyar ruwa ta turo, sai ruwan ƙasa mai sanyi ya hauro sama, ya taho da ƙananan kifaye da ƴan mitsi-mitsin jatan lande. Kasuwa ce ke ci kullum, shi ya sa manyan ke yin tattaki daga nesa. Har wadda ta fi kowace dabba girma a duniya, mai kai tsawon mita 30, takan zo. Mu ba mu dace da ita ba.

Matuƙi ya kashe inji. Rana ta yi ja ta sauka bayan duwatsu, iska ta kwanta, kowa ya yi tsit. Can sai muka ji wani fuuu mai nauyi, kamar an saki iskar tayar babbar mota, feshin ya tashi sama hasken yamma ya kama shi, baƙin gadon baya ya mirgina a hankali ya shige. Abin da ke cikin bidiyon ke nan, daƙiƙa goma sha wani abu. Ban yi da-na-sanin kuɗina ba, ko da Kawu zai sake yi mini ba'a. Tsigar jikina ta tashi, na kama tasbihi a zuci ban ma san na fara ba.

Sai dai abin da ya fi tsaya mini ya faru ne muna kan hanyar komowa. Wasu farare fat suka ɓullo daga nesa, beluga, wata ƙaramar irin balen, su ne ƴan gida da ba sa barin wannan ruwa rani da damina. Wani fasinja ya roƙi matuƙi ya matsa. Matuƙin ya ƙi, ko tsayawa bai yi ba. Doka ta ce mita 400 tsakanin jirgi da beluga, wanda ya karya kuma lasinsa na cikin hatsari. Tun 1998 aka keɓe wannan ruwa, murabba'in kilomita 1,245 a lokacin, gwamnatin Kanada da ta Kebek ke kula da shi tare, an ƙayyade gudun jirage, an ƙayyade yawan masu izinin kai ƴan kallo. Fasinjan ya yi ta ƙunƙuni, ya biya kuɗinsa. Matuƙin ɗan garin ne, ya ce da shi cikin ruwan sanyi, in aka kore su yau, baɗi me zan nuna wa wani?

Kada wani ya ce ai su Turawa da son dabbobi aka haife su. Kakannin wannan matuƙi maƙiyan beluga ne na ƙin ƙarawa. Masunta suka ce ita ke cinye musu kifi, gwamnatin Kebek ta yarda, har bama-bamai aka jefa musu daga jirgin sama, a shekarun 1930 kuma ana biyan dala 15 ga duk wanda ya kawo wutsiya. Daga baya aka buɗe cikin waɗanda aka kashe, aka ga ba kifin da masunta ke kuka a kai suke ci ba. Farautar ba ta haramta ba sai 1979. Ko babbar yarjejeniyar da ta dakatar da farautar balen don kasuwanci a duniya sai 1986 ta fara aiki. Abin da ya sauya a Tadusak lissafi ne: rayayya ta fi matacciya kawo kuɗi, kuɗin kuma aljihun ɗan gari yake shiga, mai jirgi, mai masauki, mai sayar da miya a bakin tasha.

To, mu koma gida, inda kwatancen ya fara ɗingishi. Balen ba ta hawowa tudu da dare ta shiga gonar kowa. Dorina tana yi. Dare ɗaya takan ci ciyawa kusan kilo 40, in ba ta sami burgu ba shinkafa ce a madadi, abin da ta tattake kuma ya fi abin da ta ci. A watan Nuwamba na 2014 dorina ta kife kwale-kwale kusa da Libore, mutum 13 suka rasu, 12 daga ciki ƴan makaranta ne da ke tsallaka kogi. Allah Ya ji ƙansu. Duk wanda zai zo daga Kanada da wa'azin kare dabbobi, ya fara zuwa ya zauna da iyayen waɗannan yara tukuna. A 2017 mutanen yankin Ayoru suka gaji, suka kashe dorina fiye da 20, aka yi kame, rai ya ɓaci. A shekarar ne gwamnati ta ayyana wurin da aka keɓe wa dorina a wannan yanki na kogi.

Ban ce keɓewar laifi ba ce. Ina cewa rabin aiki ce. An gaya wa manomi kada ya taɓa dabbar, ba a gaya masa wa zai biya shi shinkafarsa ba. In baƙo ya zo kallo, mai otal ya samu, mai mota ya samu, mai takardar izini ya samu, shi kuwa da ya kwana a gona da tocila da gwangwani yana kaɗawa, sai sannu. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Muddin haka abin yake, Kawu na da gaskiya ya kira ta ɓarauniya, kuma babu jami'in gandun dajin da zai sauya masa ra'ayi da takarda.

Ba ma sai mun je Kanada neman misali ba, Kure na nan kilomita 60 daga Yamai. Raƙuman dawan da suka rage a duk Afirka ta Yamma a can suke, a 1996 an ƙirga 49 kacal. Su ma suna cin wake, suna cin mangwaro, manoma na jin haushinsu. Aka ɗauki ƴan ƙauyukan suka zama ƴan rakiya, aka haƙa rijiyoyi, aka ba mata ƙananan rance, sai ga raƙuman sun haura 600, har a 2018 aka kwashi takwas aka kai Gadabeji. Sannan ranar 9 ga Agusta 2020 ƴan bindiga suka kashe mutum takwas a wurin, Faransawa shida da direbansu da ɗan rakiya, baƙi suka ɗauke ƙafa. Kure ta koya mana abu biyu a lokaci guda: dabba na tsira in ɗan gari na cin moriyarta, kuma sana'ar da ta dogara da baƙon waje kaɗai, harbi ɗaya ke rushe ta.

A jirginmu na Tadusak, yawancin waɗanda na ji muryarsu ƴan Kebek ne, da kakanni da jikoki, hutun ƙarshen mako suka fito. Wannan ne ya sa ni tunanin kaina. A Yamai aka haife ni, na tsallaka gadar Kennedy sau ba adadi, ina tsakin cinkoso, ina kauce wa raƙuma masu ɗauke da tabarmi, amma sau biyu tak na taɓa shiga kwale-kwale, duka biyun zuwa gaisuwar mutuwa. Dorinar da na sani ita ce ta gidan tarihi na Bubu Hama, kwance cikin kwatamin siminti, sai kuma ɗaya dorinar, ta hannun malam, wadda bayana bai manta ba. Garin da ke da mutum fiye da miliyan, ga ma'aikata, ga ɗalibai, ga amare da angwaye masu neman inda za su ɗau hoto, a ce ba za a sami masu biyan jikka biyu ko uku su hau ruwa da la'asar su nufi wajen Bubon ba? Ana zama a farfajiyar otal a sha lemo a kalli rana na faɗuwa bayan tsaunukan tsallake, jemagu na ketawa a sama. Daga cikin ruwan ya fi kyau. Akwai masu kwale-kwalen da ke yi tun da daɗewa, amma mun bar shi a matsayin abin Nasara.

Da na faɗa wa Inna wannan tunani, abu ɗaya ta kama. "Kai yanzu da magariba ka hau ruwa? Da magariba?" Na ce, "Inna, can rana ba ta faɗuwa sai wajen takwas." Ta ce magariba magariba ce ko a ina, lokacin fitowar masu ruwa ne, ɗan kirki yana masallaci. Na so in yi gardama, sai na tuna dorina yini take cikin ruwa, da faɗuwar rana take haurowa kiwo, kuma mafi munin wuri shi ne ka tsinci kanka tsakaninta da zurfi, ko tsakanin uwa da ɗanta. Takan yi minti biyar a ƙasa ba ka san inda za ta ɓullo ba. Ashe dokar Inna da ta masana ɗaya ce, bayani ne ya bambanta. Saboda haka yawon yamma irin na Tadusak ba zai kwafu a Yamai yadda yake ba. Namu bayan la'asar zai tashi, kafin kiran salla kowa na kan tudu, musamman a watannin sanyi da baƙin ruwa ke isowa daga Gini kogi ya cika ya kwanta.

Kuma ba ma buƙatar a kawo mana yarinya mai digiri ta yi bayani, ko da yake ban ƙi ba. Sarkawa sun san kowane garke, sun san inda uwa ke ɓoye ɗanta, sun san kwarin da ayu ke bi, sun san tazarar da ba a ƙetarewa tun kafin wani ya auna ta da mita. Abin da ya rage shi ne a mai da sanin nan doka da ke hawa kan kowa, har da ɗan babban mutum da zai ce a matsa ya ɗau hoto. A sa rigar ruwa ga kowane fasinja, rigunan nan kuma da safe su zama na ƴan makarantar da ke tsallakawa. A cire wani kaso daga kowane tikiti, a ajiye shi don wanda aka ci wa gona, a biya shi kafin girbi ya wuce, ba bayan shekara biyu da zarya a ofis ba.

Ranar Juma'ar da ta wuce na kira Kawu na zayyana masa duk wannan, har da kason manoma. Ya saurara bai katse ni ba, abin da ba halinsa ba ne. Da na gama ya ce, "Ɗana, kuɗin nan a hannun wa zai kwana?" Na fara cewa kwamiti, da wakilin masunta, da wakilin manoma, da... Ya ce in dakata, an kira salla, kuma daga masallaci gona zai wuce, shekaranjiya dorina ta shiga ta wajen maƙwabcinsa. Ya ce in zan aiko da wani abu, in aiko da tocila mai ƙarfi, irin wadda ake cajawa da rana.