Gangar da ɗan ƙanwata ya ƙirƙira

Jiya bayan la'asar muna zaune a rakuba, wato rumfa, a nan Gadarif ta Sudan, ana jiran jabana, gahawarmu, ta tafasa, ɗan ƙanwata ya miƙo min wayarsa. "Kawu, karanta wannan ka gaya min gaskiya, kada ka ji kunyata." Labari yake rubutawa. Ya ƙago wata ƙabila mazauna bayan dutse, ba su san takobi ba, ba su san mashi ba, makaminsu sauti ne. Suna da gangar da in an doka ta garu ke tsagewa, da ƙahon da ke narkar da sulke a jikin mai shi. Babi 7 na karanta, kuma a kowane babi sai an buga gangar nan, maƙiya su zube kamar an karkaɗe magarya.

Hausarsa ta yi daɗi, na gaya masa. Amma gangar ba ta da nauyi. Kowane yaro a garin yana iya rataya ta, ana buga ta safe da yamma, ba mai tsoron ta sai baƙo. Bindiga ya ɗauko ya lulluɓa mata fata. Kuma ba shi kaɗai ba, na sha ganin haka a labaran da matasanmu ke sakawa a Facebook, shi ya sa na ce bari in yi maganar a fili.

Abin da ya fi ci min rai, a ƙasar nahas yake zaune. Duk wanda ya girma a Sudan ya san wannan babbar ganga ta tagulla da sarakuna da nazirai, wato shugabannin ƙabilu, ke ajiyewa. Ba a taɓa ta don nishaɗi. Yaƙi, ko rasuwar babba, ko zuwan baƙo mai girma, su ke fito da ita, kuma a ƙwace wa mutane nahas ɗinsu a fagen fama abin kunya ne da jikoki ke gada. A daular Darfur, wadda ta ƙare da kashe Sarki Ali Dinar a 1916, har biki ake yi na shekara-shekara don sake wa gangunan fada fata: a yanka shanu, sarki da manyan ƙasa su hallara, a ɗaura sabuwar fata. Ka ga ganga mai ranarta, mai masu hidimarta. Wannan kaɗai ya isa babi uku, amma yaron bai waiwaye shi ba.

Mu ma da kakanninmu suka taso daga yamma ba hannu rabbana suka baro gida ba. Tambari na sarki ne, ba a buga wa attajiri komai kuɗinsa. Kakaki tun zamanin Muhammadu Rumfa, wanda ya yi sarautar Kano daga 1463 zuwa 1499, ake danganta shigowarsa fada. Tsofaffinmu na garin Maiurno a nan Sudan, zuriyar waɗanda suka biyo ɗan Sarkin Musulmi Attahiru bayan yaƙin Burmi na 1903, sun san wannan ƙa'ida sarai: sauti yana da mai shi.

Ga inda nake ganin ya yi babbar asara. A wurinmu ƙarfin kiɗa a kan naka yake fara sauka. Ku tuna take. Mutum yana zaune lafiya lau yana cin goro, makaɗi ya saki takensa a kalangu, sai ka ga tsikar jikinsa ta tashi, ido ya kaɗa, ya miƙe yana kirari bai san sanda ya yar da hula ba. Tsuma ke nan. Ina yaro na ga wani dattijo mahauci, mai ɗingishi, da sanda yake tafiya, aka yi masa kiɗan gidansu a wajen biki. Sandar ya jefar. Sai da mutum biyu suka riƙe shi, bayan an yi shiru kuma ya zauna yana haki, yana tambayar ina sandarsa. Wane sihiri marubuci yake nema da ya wuce wannan?

Halifa Abdullahi, magajin Mahadi a Sudan, yana da ƙahon hauren giwa da ake kira umbaya, in an busa shi Omdurman ta san shugaba zai fito. A yaƙin Karari, 1898, busa da ganguna ba su kashe sojan Kicina, kwamandan Ingilishi, ko ɗaya ba. Abin da suka yi shi ne suka tura dubban Ansar, mayaƙan Halifa, gaba cikin ruwan harsashi, wajen mutum 10,000 suka kwanta kafin azahar. Makamin ya yi aiki, a kan masu shi. In ƙabilar yaron nan tana da ganga irin wannan, to tambayoyin da za su riƙe mai karatu su ne wa ya isa ya ce a buga, me makaɗin ke rasawa duk bugu ɗaya, kuma wace uwa ce za ta je da dare ta huda fatar don kada ɗanta ya tsuma.

Na san masu cewa rubuta labarin tsafi ɓata tarbiyya ne. Ni dai da tatsuniyar Dodo da Gizo aka raine ni, kuma ban fasa salla ba. Wanda ya ce "ga ta nan ga ta nanku" ya riga ya gaya maka ƙarya zai shirya.

Duk wannan na zuba masa, yana sauraro, jabana ta huce a hannunsa. Sai ya ce, "Kawu, kai ba ka kwana a Omdurman a 2023 ba." Gaskiya ne, ban kwana ba. Su suka yi watanni a can cikin yaƙin da ya ɓarke a shekarar kafin su samu hanyar fitowa. Ya ce ƙanwarsa mai shekara 6 tana bambance ƙarar igwa mai fita da mai shigowa, kuma har yau in babur ya yi tusa a layi ƙarƙashin angarib, wato gado, take shigewa. "Sautin da na sani kashewa yake yi, shi na rubuta."

Na yi shiru, don ban shirya wa wannan ba. Har yanzu ina kan bakana cewa gangarsa tana bukatar doka da mai ita, amma na daina cewa a fina-finai ya kwaso ta.

Da zai tashi ya ce zai ƙara babi, a sa tsohuwa ɗaya a garin wadda ita kaɗai ta san yadda ake sa gangar ta yi shiru. Ya tambaye ni da fatar wace dabba ake rufe nahas. Na ce ta sa. Ya rubuta a wayar, ya ɗauki takalmansa ya tafi masallaci.